Ƙwan da Muka Hana Bilki

Yanzun nan ƙanwata Bilki ta turo mini hoton jikarta, baki duk gwaiduwar ƙwai. Wallahi dariya nake har da hawaye!

A Daura ne, shekarun 1970, kuɗin mai sun shigo gari. Cinikin shanu ya buɗe wa Babanmu, da aka yaye Bilki sai biskit da lemon kwalba yake ɗura mata, wai gata. Ba a jima ba ƙafafunta suka kumbura, gashinta ya yi ja, ta daina tafiya.

A asibiti Baba ya ce wa nas, "Malama, a yi mata allura mai ƙarfi."

Ta ce, "Alhaji, bayan magani, a ba ta kunun gyaɗa da madara, da wake, da zogale, da ƙwai."

"Ƙwai? Ai sa yaro sata yake!"

"Alhaji, wadda ba ta iya tashi, me za ta sato?"

A hanyar komawa gida Baba ya sayi ƙwan zabi.

Ranar da Bilki ta miƙe ta taka, Inna ta rangaɗa guɗa, Baba ya fito da gudu ko hula babu!

Ashe gata ma yana buƙatar sani. Ku wane abinci aka hana ku kuna yara?