Sunan Innarmu a Rubutun Wani

Shekara bakwai ke nan da muka binne yayana Sani a Manchester, kuma har yau kwalin takardunsa bai dawo hannuna ba.

Digiri na uku ya kawo shi ƙasar nan, a kan birnin Legas: yadda garin bakin teku ya tumbatsa, su wa suka cika shi, da Hausawan da fataucin goro da aikin soja suka kai can tun zamanin kakanni. Ɗakinsa na Gorton, inda nake kai masa miya ran Lahadi, ko wurin zama babu don takardu. Yaya bai yarda da alƙaluma ba. Yakan ce duk wanda ya faɗa maka yawan mutanen Legas, tambaye shi wa ya tsallake. Ya lura cewa in ka tambayi tsohuwar Bahaushiya a unguwar Agege ta Legas 'ya'yanta nawa, sai ta cire ɗan fari don kunya. Shi ma ɗan fari ne. Innarmu har ta koma ga Allah ba ta taɓa kiran sunansa ba.

Shekarun tsuke bakin aljihu ne, tallafin karatu ya yanke, ya koma ɗaukar kaya a wani sito a Cheetham Hill. Ciwo bai bar shi ya ƙarasa aikin digirin ba. Ran sadakar uku abokinsa Dakta Habu ya zo daga Birmingham yana share hawaye, ya ce in ba shi kwalin, zai fitar da aikin da sunan mai shi. Na ba shi, kuma ina jin haushin kaina har gobe. Duk shekara in na tuna masa sai ya ce, “Ƙanwata, ki ƙara haƙuri, babu funding, kin san yadda jami'a ta koma.”

Watan jiya wata ƙawata ta turo min dogon rubutu kan tarihin Legas da jama'arta, sunan Habu kaɗai a sama. Na karanta sau uku ina kwaɓar zuciyata, ina cewa Legas ba ta Yaya ba ce shi kaɗai. Amma a tsakiyar rubutun akwai wata Hajiya Ladidi mai goro a Agege.

Yaya ba ya rubuta ainihin sunan tsofaffin da ya yi hira da su, na dangi yake ara musu. Yana dariya ya taɓa gaya min ya buɗe wa Inna rumfar goro a Agege. Ladidi sunan Inna ne, ita da ko Zariya ba ta taɓa wucewa ba.

Na kira shi na ce, “Dakta, wace ce Ladidin nan?”

Ya ce, “Wata tsohuwa ce, very sharp. Ni da kaina na zauna da ita.”

Da Yaya na nan, na san dariya zai yi ya ce ga wani an sake tsallakewa. Ni na kasa dariyar. Ya rasu bai bar gadon gida ba, bai bar digiri ba, tambayarsa ce kawai ta rage min, kuma yau a kansa nake yin ta.

Dakta, na san kana karanta shafin nan. Inna kunya ce ta hana ta faɗin sunansa. Kai kuma me ya hana ka?