Kitso a Cikin Idon Hajo

Duk wanda ya san layin 'yan turare a kasuwar Kurmi ya san Ashafa Faifai. Ba ya sayar da faifai, bai ma iya saƙa shi ba. Kunnuwansa ne suka jawo masa sunan tun yana yaro a Jakara, don Allah ya yi su da faɗi, ya kuma buɗe su gefe da gefe kamar ƙofar shago da safe. Ga shi gajere, ga giɓi a gaba, sanƙo kuma ya fara cin kansa tun bai kai talatin ba. Shi yake fara yi wa kansa tsiya kafin a yi masa, ya ce da aka zo rabon kyau yana can layin hanci. Hancin kuwa an ba shi. Mace ta wuce ta gaban rumfarsa, zai gaya maka humrar da ta shafa da unguwar da aka haɗa ta.

Abin da 'yan layin suka kasa ganewa shi ne matarsa. Hajo mai kitso, 'yar Dukawuya, doguwa ce, kyakkyawa ta ƙin ƙarawa, kuma masu mota sun yi zarya a ƙofar gidansu kafin ta ce ita mai turaren nan take so. Ado, maƙwabcin rumfarsa, ba ya gajiya da tambayarsa me yarinyar nan ta gani a jikinsa. Ashafa yakan ce ba gani ta yi ba, ƙamshi ta ji, a yi dariya a watse.

Bayan auren ne wasan ya zame masa gaskiya. Wata rana ya tsaya jiran ta a bakin Ƙofar Ɗan Agundi, ta zo ta wuce shi kamar bango, sai da iska ta kai mata ƙamshinsa sannan ta juyo. Ya fara lura. In za ta tsaga kitso, sai ta kai fuskarta dab da kan mutum. In ta kalli nesa sai ta ƙanƙance ido, abin da matan unguwa suke kira harara. Kullum tana murza idon, musamman in an sa turaren wuta. Ta taɓa ce masa ita in ta kalli sama da dare wata uku take gani, ɗaya kan ɗaya, kowanne da jela. Tabarau kuwa ta gwada iri-iri, babu wanda ya yi mata aiki. Ashafa ya haɗa wannan da wancan, ya samo wa Ado amsar tambayarsa, ya haɗiye ta bai gaya wa kowa ba: ba ta ga komai ba.

Daga nan ya zama idonta. Shi yake raka ta gidan biki da gidan suna, yana tafe yana gaya mata abin da ke gabansu, ga kwata, ga mai babur, ga Hajiya Uwa can tana ɗago miki hannu, yi mata murmushi. Yakan ƙara gishiri. Katangar gidansu da damina ta zaizaye, a bakinsa sabuwa ce. Kitson da wata ta yi a unguwa, a bakinsa duk ya karkace. Mata suka riƙa yi wa mazansu gori da shi.

Amma a yi maganar asibiti, nan take sai uzuri ya tsiro. Kaya sun iso daga Maiduguri. Layin asibiti ba na mai sana'a ba ne. A bari sai bayan Sallah. Ya sayo mata kwalli mai tsada, ya sayo zuma, ya ƙaro turaren wuta mafi kyau a rumfarsa don ta ji daɗi. Kada a ce mugu ne. Da za a ce ya cire idonsa ɗaya ya ba ta, da ya miƙa kai. Abu ɗaya yake tsoro: ranar da Hajo za ta tsaya daga nesa, cikin mutane, ta ga mijinta yadda kowa yake ganinsa. Haka shekaru suka yi ta tafiya, har 'yarsu Yusra ta shiga firamare.

Wadda ta ɓata masa shiri Dakta Ikram ce, likitar ido, da ta zo kitson bikin ƙanwarta. Ta zauna tana jin numfashin Hajo a kan fatar kanta, ta ga sau nawa ta saki gashi ta murza ido da bayan hannu. Da aka gama ba ta yi shawara da kowa ba, ta ce ranar Talata tana jiran su a asibiti, in ba su zo ba ita za ta zo da mota. Ashafa ya ce ai Talata kasuwa ke ci. Hajo ta ce to ya zauna, ita za ta bi likita. Ran Talata tun da hantsi ya rufe rumfa.

A ɗakin duba ido aka zaunar da Hajo gaban wata na'ura, ta ɗora haɓa, aka haska mata siririn haske. Likita ta daɗe tana leƙawa, sannan ta juyo da allon da hoton yake fitowa, ta ce Malam Ashafa ya matso. Ya ga idon matarsa ya cika allo, a tsakiyarsa kuma wasu layuka sirara, farare, a tsaye, a jere kusa da juna. Hajo ta ce a gaya mata me suke kallo haka suka yi shiru. Al'ada ta riga tsoro, sai ya ji bakinsa yana cewa layuka ne ƙanana a jere, kamar an tsaga kai za a fara kitso.

“Wa ya yi mini kitso a cikin ido ban sani ba? Likita, in dai ya karkace ba hannuna ba ne.”

Likita ta yi dariya, ta ce su duba wani abu. Ta ɗora yatsa a kan fatar idon ta danna kaɗan, layukan suka ɓace. Ta ɗaga, suka dawo. Ta yi musu bayani cewa gaban ido yana da wani rufi garai-garai da haske yake ratsawa, wanda ya kamata ya zama kamar bayan ƙwarya. Na Hajo ya yi siriri, ya turo gaba ya yi tsini kamar malafa, shi ya sa abu ɗaya yake rabe mata biyu ko uku, tabarau kuma ya kasa gyarawa. Layukan nan alamar ja ce, rufin ne yake tattarewa saboda an miƙe shi. Hajo ta ce ta gane, haka gefen goshi yake yi in an ja kitso da yawa, ka sa yatsa ya kwanta, ka ɗauke ya tashi. Likita ta ce to kada ta kuskura ta riƙa danna nata, murzar ma daga yau an daina, domin tana ƙara ciwon, hayaƙin turaren da ke sa ta ƙaiƙayi kuma a rage shi. Ashafa ya sunkuyar da kai.

Sai likita ta ce irin waɗannan layukan ba sa fitowa a ciwon jiya, wannan ya daɗe, me ya hana su zuwa? Ashafa ya ji kamar layukan nan shaidu ne aka jera masa a gaban alƙali. Hajo ce ta amsa, ta ce ita ce mai tsoron asibiti, Baban Yusra ya yi ta fama da ita. Ashafa bai taɓa jin ƙarya mai nauyin wannan ba.

Labarin dai bai yi muni ba. Likita ta ce za ta riƙa auna idon lokaci-lokaci, in tsinin yana ƙaruwa akwai aikin da ake yi a ƙarfafa rufin. Gani kuwa, akwai wani ɗan gilashi mai tauri, bai kai farce ba, da ake ɗorawa a kan ƙwayar ido. Za a auna, a yi odarsa, su dawo in ya iso.

Makwannin jiran nan 'yan layin turare sun ga abin mamaki. Ashafa ya rina gemu. Ya je wajen mai haƙorin Makka ya tambayi yadda ake cike giɓi, ya ji bayani ya fasa. Ya sayi hula mai zurfi yana tura saman kunnuwansa ciki, har Ado ya tambaye shi ko an sayar da faifan ne.

Ranar da gilashin ya iso, ya ce shi zai jira a waje. Ya tafi can ƙarshen barandar asibitin ya tsaya cikin mutane, da sabuwar shadda da hular nan, bai shafa turare ko ɗigo ba. Ya ce wa ransa gara a yi ta ta ƙare. Hajo ta fito idonta yana hawaye saboda baƙon abu, ta tsaya ta kalli bishiya, ta kalli rubutun bango, ta kalli tafin hannunta. Sannan ta miƙe sak, ta ratsa mutane, ta tsaya a gabansa.

“Ashe kai ɗaya ne? Ni duk shekarun nan uku nake gani. An cuce ni.”

Ta sa hannu ta ɗage hular, kunnuwan suka fito suka koma mazauninsu.

“Baban Yusra, ni da nake ganin ƙwan kwarkwata a kan yarinya in na matso, kunnenka ne zai ɓuyar mini? Tun ranar da ka fara zuwa zance na gan su.”

A hanya, cikin adaidaita-sahu, ya samu bakin tambayarta dalilin da ya sa ta rufa masa asiri a gaban likita. Ta ce ba rufa asiri ta yi ba, rabin gaskiya ta faɗa. Ta daɗe da sanin abin da yake gudu, kuma ta ƙyale shi, don ita ma akwai abin da take gudu: wace mace ce a Jakara mijinta yake rufe rumfa ya raka ta biki yana ba ta labari? Ta ji tsoron in ta warke ya ce ai ta san hanya.

Suka sauka a bakin lungu, ya shiga gaba kamar kullum, ya fara ga kwata, ga mai babur. Ta bar shi yana yi, tana tsallake abin da ta riga ta gani. Da suka iso ƙofar gida ta tsaya ta ƙare wa katangar kallo, ta ce wannan ce sabuwar? Ya ce ai daga nesa ta fi kyau. Ta ce gobe ya nemo magini, jibi kuma akwai suna a Dukawuya, kada ya sake ya ce kasuwa ke ci.