Tazarar Shekara Huɗu

Ni dai tun asali ba ma shiri da lissafi. A ajin ƙarshe na firamare, a ƙauyenmu da ke tsakanin Kura da Bunkure, wurin zamana yana can baya kusa da taga, inda nakan leƙa gonakin shinkafa da zarar malamin lissafi ya fara zuba. Dogon mutum ne mai son tsokana, kullum hannun rigarsa fari fat da alli.

Wata rana ya kawo mana lissafin shekaru. Ya rubuta a allo cewa wani yaro ya girmi ƙaninsa da shekara huɗu, in aka haɗa shekarunsu ashirin ne, kowa nawa yake? Aka yi ta kame-kame, har wata yarinya a gaba ta ce sha biyu da takwas. Yayana sha biyu yake, ni takwas, lokacin da ruwan kanal ya tafi da shi.

Kanal ita ce babbar hanyar ruwan da ake sakowa daga dam saboda noman rani. Gefenta siminti ne mai gansakuka, in ka zame ba abin kamawa. Yaya ya je wanke tumatir ne da rana tsaka, ga mutane ko'ina, amma sai a can ƙasa wajen gada aka tsamo shi. A gidanmu ba a zancen. Ɗan fari ne, Inna ko da yana raye ba ta faɗin sunansa saboda kunya, balle da ya rasu.

Malam ya buga allo ya ce, "Ku riƙe wannan ko da kun manta komai. Tazarar shekaru ba ta canzawa. Wanda ya girme ka da huɗu yau, ko kun yi furfura da huɗu ya girme ka."

Ban san lokacin da hannuna ya tashi ba. Na ce, "Malam, in ɗayan ya mutu fa?"

Wasu suka yi dariya, waɗanda suka san gidanmu suka sunkuyar da kai. Malam baƙo ne a garin, bai san komai ba. Ya ce, "Kai sarkin baya, yau ka yi magana? A lissafi ba a mutuwa. Zauna."

Na zauna, na yi abin da ban taɓa yi ba: na ba kaina lissafi. Yaya yana nan a sha biyu, bai motsa ba. Ni ina sha ɗaya. Huɗu ta koma uku, ta koma biyu, yanzu saura ɗaya. Na sake bi da yatsu, amsar ba ta canza ba. Lissafin farko ke nan da na ci a rayuwata, kuma da ma ban ci ba. Sai na ga kamar Yaya yana tsaye ne a bakin ruwa yana jirana, ni kuma kowace shekara ina matsowa. In tazarar ta ƙare, ina zan je in ba inda ya je ba? Yau in na tuna nakan yi wa kaina dariya, amma a lokacin wallahi tsoro ne na gaske, har abinci ya daina shiga.

Damina ta wuce, aka yi girbi, na shiga sakandare, aka sako ruwan rani. Na san dai a cikin wannan ranin zan cika sha biyu, ko da yake a gidanmu ba mai riƙe ranar haihuwa. Aikina ne kai wa Baba abinci gona, gonar kuwa tana tsallaken kanal. Akwai wani siririn siminti da aka gitta, kowa ta nan yake bi, har masu ɗauke da kwandon tumatir. Ni sai in zagaya ta gada. Abinci ya isa a sanyaye, Baba ya yi ta faɗa, yana cewa ko kunkuru aka aika ya riga ni. Na gwammace faɗan.

Ranar da abin ya ƙure, Baba ya ce yana da masu dashen albasa, in na makara zan gamu da shi. Na ɗauki kwanon na nufi siririn simintin. Na taka, na kai tsakiya, sai na yi kuskuren kallon ƙasa. Ruwan kore shar, yana gudu ba ƙara, ga wani ganyen ayaba yana juyawa a kai. Gaba ta gagara, na durƙusa na ja da baya da rarrafe, kwano a ƙirji, miya tana bin hannuna. Ban tsaya ba sai gida.

Inna tana tsakar gida tana sheƙar shinkafa. Ta dubi kwanon, ta dube ni.

"Lafiya?"

Na fashe da kuka, na zayyana mata komai: maganar Malam, da huɗun da ta koma ɗaya, da cewa bana zan kamo Yaya. Ina jira ta ce in yi istigfari, rai a hannun Allah yake. Sai ta ajiye faifan.

Ta ce, "Ai ka wuce shi."

Na ce, "Inna, yaushe?"

"Tun ana dashen tumatir. Ranar ka cika iya kwanakin da shi wancan ya yi a duniya. Ina kallonka ranar, kana cin rake a bakin zaure."

Ashe ita ma tana ƙirgawa. Na ji wani sanyi ya ratsa ni, na ɗago ina so in ga ta yi murmushi, tunda mun tsallake. Ba ta yi ba. Fuskarta irin wadda na gani ce ranar da aka shigo da shi a tabarma.

Ta ce, "Da ina bin sawunsa ne a kanka. Yadda ya yi haƙori, yadda ya yi tsawo, duk na sani. Yaron da ya wuce shekarunsa kuma ban taɓa raino ba. Ban san me ke gaba ba."

Ta share miyar da ke hannuna da gefen zaninta, ta gyara murfin kwanon.

"Tashi ka kai wa babanka, yana jin yunwa."

Na miƙe zan tafi. Ta sake cewa in yi sauri, amma hannunta yana riƙe da wuyan hannuna gam, ba ta sake ni ba.