Maƙwabcin Turmi na Kan Katako

A zamanin da Turmi yake ji da ƙarfinsa, dokar iyaka ba ta san wasa ba. Motar wannan ƙasa ba ta taka ƙasar can, leburan nan kuma ba ya ɗaukar kaya a can. Waɗanda suka rubuta dokar suna zaune a ofis ƙarƙashin fanka, ba su taɓa ɗaga buhun gishiri ba, balle su tambayi kansu yadda buhu zai tsallaka layi ba ƙafa. Sai 'yan dako suka nemo wa kansu dabara. Manyan motoci biyu za su ja da baya har su kusa haɗa gindi, ɗaya a nan ɗaya a can, a gitta katako mai kauri a tsakaninsu. A tsakiyar katakon an ja layi da farin fenti. Leburan nan ya ɗauko buhu ya kawo bakin fentin, ya mirgina shi a kafaɗar na can, kowa ya juya. Ɗan kwastan yana zaune a inuwa yana kallon ƙafafu, domin ƙafar da ta wuce fenti ta jawo wa mai ita kwana a kulle.

Turmi guntu ne kakkaura, wuyansa da kansa kusan kauri ɗaya, shi ya sa sunan ya bi shi tun yana saurayi. Wanda yake karɓar masa kaya daga can kuwa dogo ne siriri, har 'yan rumfar dako ta nan suka laƙaba masa Taɓarya, suna kiransa haka a bayan idonsa. Su biyun "maƙwabci" kawai suke kiran juna. Duk wanda ya gan su zai ce ba su dace ba, amma dogon ya san daidai inda zai lanƙwasa gwiwarsa ta hagu, guntun kuma ya san lokacin da zai ɗaga dunduniya. Direbobi har rigima suke yi kan wa zai samu layinsu, saboda buhu ba ya fashewa a tsakaninsu.

Rumfar hutun kowane ɓangare tana can nesa bayan wayar shingen iyaka, kuma ba a yarda lebura ya tsaya surutu a bakin layi ba. Don haka duk hirarsu a kan buhu take, gutsure gutsure, kowane buhu da ɗan abin da ya ɗauka na magana.

"Maƙwabci, matar nan tawa," in ji dogon, ya karɓi buhu ya tafi.

Turmi ya koma cikin mota ya ɗauko wani.

"Ta sauka jiya."

"Me aka samu?"

Sai da aka sake zagayowa. "Namiji. Dogo kamar ubansa."

"Allah ya raya, ya sa ya fi ubansa nama."

"Amin. Ya kuma fi maƙwabcin ubansa tsawo."

Haka suka yi shekara talatin da ɗoriya. Labarin da wasu za su gama kafin shayi ya huce, su sai ya ci musu motar siminti guda. Sun yi gardamar ƙwallo, sun yi ta farashin taki, sun taɓa yin fushi har suka sauke motar sukari ba wanda ya ce wa wani uffan, kashegari dogon ya ce, "To, ya isa haka," aka ci gaba. Ranar da Turmi ya dawo aiki bayan rasuwar matarsa, bai iya buɗe baki ba, amma dogon ya gani a idonsa. Ya riƙa miƙo kafaɗa tun buhun bai iso ba don ya rage masa nauyi, a kowane buhu yana cewa, "Haƙuri, maƙwabci," har motar ta ƙare. Turmi ya sha gaisuwar mutane da yawa a wancan makon, amma wannan ce ta zauna masa.

Ziyara kuwa sai da takardar izini, takardar kuma sai an je babban birni an yi kwanaki ana bin layi. Ɗan dako da ke ci daga kafaɗa zuwa baki ina ya ga wannan sararin? Sai dai su ce wata rana.

Maganar cewa ƙasashen yankin za su haɗa kai su buɗe iyaka ta daɗe tana yawo a rediyo. An daɗe ana ruwa ƙasa tana shanyewa, don haka babu ɗan dakon da ya ɗauke ta da muhimmanci. Wata yamma suka rabu da "sai gobe" kamar kullum. Da safe Turmi ya zo da gammonsa ya tarar motoci suna wucewa ɗaya bayan ɗaya, direba ya miƙa takarda ta taga, a ɗaga masa sanda, ya taka mai. Katakon yana jingine da waya. Kafin wata ya ƙare rumfar ta watse, wasu sun koma gona, wasu sun bi motocin, shi kuma ciwon baya ya kwantar da shi, 'yarsa ta zo ta kwashe shi zuwa birni.

A faɗi gaskiya, sabuwar doka ta yi wa mutane rana, kuma gidan da Turmi ya koma yana cikin waɗanda suka fi shan romonta. Mijin 'yarsa fataucin tumatir yake yi. A da rabin kayansa a filin iyaka yake ruɓewa ana jiran layi, yanzu kuwa ya ɗauka da asuba ya sauke da la'asar. An buɗe masana'antar tumatirin gwangwani a can, ana sayen na nan, surukin ya yi motar kansa, ya yi gini. Aka ba Turmi ɗaki mai fanka da katifa mai laushi, babu abin da yake ɗagawa sai buta. In baƙi suka so jan bakinsa ya zagi gwamnati, sai ya ce, "Ni ban ga laifin doka ba. Bayan mutum ai ba gada ba ne." Amma kewa ta ci shi ƙwarai. Ya yi kewar ƙamshin buhun barkono da ƙarar katako, ya fi kewar mutumin da bai taɓa zama da shi a tabarma ɗaya ba. Yau da gobe, ciwo da nauyin baki, har shekaru suka ja kafin ya iya cewa surukinsa, "In za ka can, ka tafi da ni."

Tsallakawar ba ta kai tsawon gaisuwa ba. Ya miƙa katin shaidarsa, yarinya mai kaki ta duba ta miƙo masa tana kallon motar baya. Filin da ya ƙarar da ƙuruciyarsa a ciki ya zama gidan mai. Surukin ya tsaya a gefen titi, suka taka zuwa tsohuwar rumfar can, wadda Turmi bai taɓa ganin komai nata ba sai kwanon rufi. Wata tsohuwa mai sayar da abinci ce kaɗai a ciki, tana goge kwanuka.

"Sannu da aiki, baiwar Allah. Kin daɗe a nan?"

"Tun ana dako, malam. Ni na ciyar da su."

"To ina neman Taɓarya."

"Wa?"

Nan Turmi ya tsaya cak. Sai a lokacin ya tuna cewa sunan na rumfarsu ne, bai taɓa tsallaka waya ba. Ya san sunayen cututtukan da mutumin ya yi, ya san 'ya'yansa nawa, ya san ba ya cin albasa, amma bai san sunansa ba, bai san garinsu ba. Wa zai tambayi sunan wanda yake gani kullum?

"Dogo ne," in ji shi, murya ƙasa ƙasa. "Siriri. Yana lanƙwasa gwiwar hagu in zai karɓi kaya."

Tsohuwar ta ajiye kwano ta dube shi daga sama har ƙasa, idon nata kuwa bai yi doguwar tafiya ba. "Kai ne Guntun Gatari?"

"Ban taɓa jin wannan sunan ba."

"Ai haka suke kiranka a nan. Bara ya zo, da sanda. Ya tsallaka can nemanka, ya wuni yana tambaya a gidan mai, ya dawo da yamma ya zauna a bencin nan bai ci komai ba. Ya ce babu wanda ya san ka."

Surukin, wanda tun ɗazu yake duban agogo, ya cire hularsa ya riƙe a hannu. "Baba," ya ce, "ni ma ya tambaye ni. Ina shan mai. Wani dogon tsoho da sanda. Na ce masa ban san mai wannan suna ba."

Turmi bai dube shi ba. Laifin me zai ɗora wa yaron? "Yanzu yana ina?" ya tambayi tsohuwar.

"Ɗansa ya tafi da shi can wajen teku, inda yake aiki. Garin ne ban riƙe ba. Mu nan Zangarniya muke ce masa, sunansa na gaskiya kuwa sai dai Allah."

"Sandar fa? Gwiwar ce?"

"Gwiwar ce."

Ya gyaɗa kai, ya daɗe yana kallon bencin. Daga nan ya matsa kusa da ita ya ce ko da dogon zai dawo, ga abin da za ta faɗa masa. Ya faɗi sunansa na gaskiya, wanda tun rasuwar mahaifiyarsa babu mai kiransa da shi, ya faɗi na mahaifinsa, da unguwarsu, da launin ƙofar gidan. Ya sa ta maimaita. Ta maimaita ta kuskure unguwar, ya gyara mata, ta sake.

"Zai dawo kuwa?" ya ce.

"Malam, da ƙyar ya hau mota ranar da aka tafi da shi."

Surukin ya taɓa hannun rigarsa a hankali. "Baba, rana na yi, kuma tumatir ba ya jira."