Albasa Huɗu, Ƙofa Sha Ɗaya

Ina gaban allo a makarantar firamaren da nake koyarwa a Wurno, alli a hannuna, ƙanwata Saratu ta kira ni daga Rimawa. Ba ta ja magana ba. "Yaya, Goggo Kulu ta cika." Na yi salati, na ajiye allin, na fita neman ɗan kabu-kabu.

Goggo Kulu ƙanwar mahaifinmu ce, ita ta riƙe mu bayan rasuwar mahaifiyarmu. Ba ta taɓa zama a aji ba. Sana'arta gabu: ta sayi ganyen albasa wurin masu noman rani, ta daka, ta dunƙula, ta shanya. Amma ina faɗa ba da shakka ba, ni da na shekara ashirin ina koyar da lissafi, ban ga malamin lissafin da ya kama ƙafarta ba.

Makarantarta waƙar reno ce guda ɗaya, wadda ita ta ƙaga abinta. Da rana take yin ta, tana daka, goyo a baya, mu manya muna kwance a tabarma an ce mu rintsa. Waƙar wani birni ce a ƙarƙashin Gulbin Rima, inda albasa take girma har ta kai ɗaki, mutane su rarake ta su zauna ciki, kowace da ƙofa uku. Sarkinsu kunkuru ne, kullum sai ya zaga ya ƙirga ƙofofin kafin gari ya yi barci.

Yi kwana, ɗan birnin gulbi,
albasa guda, ƙohwa ukku,
albasa biyu, ƙohwa shidda,
albasa ukku, ƙohwa tara,
albasa huɗu, ƙohwa sha ɗaya…

Nan sai wani cikinmu ya ɗago kai: "Sha biyu na, Goggo!" Ita kuwa ta yi murmushi ta ce, "Ashe ba ku yi kwana ba." Kullum wurin kuskuren yana sauyawa, yau a huɗu, gobe a bakwai. In ta wuce shi ba wanda ya tanka, ta san barci ya kwashe mu. Mu dai a ganinmu tsohuwa muke kamawa da ɓata, ba mu san karatu ake ɗura mana ba.

Da na gama kwalejin horon malamai sai rawar kai ta kama ni. Na rubuta waƙar a takarda, na gyara duk lambobin, na koya wa ɗalibaina. Suka haddace ta tsaf, suna rerawa gwanin daɗi, amma in ka tare yaro ka ce albasa bakwai ƙofa nawa, sai ya koma tun daga albasa guda. Duk da haka na je wurin Goggo ina yi mata alfahari.

Ta tsayar da taɓarya. "Mi kac ce ka yi, Sahabi?"

"Gyara ta niy yi, Goggo."

"Kashe ta dai kay yi. Yaron da bai kama ka da ƙarya ba, ba saurare nai kaka samu ba, kwana shika yi ido buɗe."

Ban karɓi maganarta ba, kuma wannan yana cikin abin da nake jin kunyarsa har yau. Takardata ta bi gidajen dangi, har Saratu da ita take renon 'ya'yanta. Murya ta fara ƙare wa Goggo, ta daina waƙa. Sai a 'yan shekarun nan na gane cewa in ta tafi, waƙar gaskiya ta tafi, kuma da hannuna na haƙa wa waƙar rami.

Mako biyu kafin rasuwarta na je duba ta bayan la'asar. Tana kwance ido rufe, aka ce tun jiya ba ta yi magana ba. Na zauna a bakin gado na ɗauko waƙar a hankali. Da na zo albasa huɗu na ce sha ɗaya, na dakata. Can sai leɓenta ya motsa.

"Sha biyu na. Ban yi kwana ba." Ta laluɓo hannuna ta riƙe. "Yanzu ka iya ta."

Bayan addu'ar uku na koma aji, na cire takardar nan da na gyara daga bango, na rera musu irin ta Goggo. A albasa shida na ce sha bakwai. Wata yarinya daga layin baya ta miƙe tsaye: "Malam, sha takwas na!" Aji ya kaure da gardama, kowa yana ƙirga da yatsu. Na juya ga allo don kada su ga hawayena. Saratu ma ta koma yin ta haka, kuma muddin ina riƙe da alli haka za a yi ta.

Ya Allah, Ka gafarta wa Goggo Kulu, Ka yalwata kabarinta, Ka saka mata renon marayun da ta yi ba tare da gori ba. Ka ba mu haƙurin rashinta, mu da 'ya'yanta da jikokinta, Ka kyautata namu ƙarshen. Ka buɗe mata ƙofofin Aljanna guda takwas cif, ba a rage ko ɗaya ba. Amin.