Alhaji Peru na Hindawiyya

Ina kan tsani ina yaɓe, bayan la'asar, Malam Isa mai shayi ya tsaya a ƙasa ya ce, "Ya mu'allim, sauko. Alhaji Peru ya cika." Na sauko, na wanke hannu, muka nufi unguwar Hindawiyya, a nan Makka. Da magariba aka sallace shi a Harami.

Sunansa Alhaji Sule, amma a unguwa ba mai kiransa haka. Yana yaro iyayensa suka fito da shi daga ƙasar Kano, suka yada zango a Sudan. Can ya shiga aiki da Turawa masu binciken kufai, har ya zama shugaban masu tono. Wani daga cikinsu ya tafi da shi ƙasar Peru, inda ya shafe shekaru da dama yana tonon tsofaffin birane tsakanin teku da duwatsun Andes. Da ya zo Makka sai ya koma gini, ni kuma a hannunsa na koya.

Ya gaya mini ranar da ya fara share wata katanga a Peru ya ga tubali mai tsini, irin namu na Kano, da shaidar yatsun wanda ya murza shi. Ya ce ya ɗora yatsunsa a gurbin, suka zauna daidai. Turawan sun ɗauka shara ce ta ruguje. Shi ya nuna musu yadda ake jera shi, saboda haka aka bar katangar a tsaye. Littattafansa uku na zane, da bayani cikin ajami, suna nan a akwatinsa.

Yakan ce, "Wuri sau ɗaya ake tona shi. Ka rubuta kafin ka ɗaga." Game da kaburburan mutanen can kuwa, cewa ya yi, "Ban san addininsu ba, amma na san wani ya yi kuka da ya rufe su." Duk ƙashin da aka gama aunawa, sai ya tsaya an mayar an rufe.

Na ga wannan hali da idona. Muna tona harsashin wani gida, aikin Hajji ya matso, sai diga ta bugi wani dutse mai tsohon rubutun Larabci. Alhaji ya ce a dakata. Mai gidan ya zo ya ce, "Yalla, ya ammi! A yi sauri, baba, alhazai na tafe! A fasa shi a zuba a harsashi."

"Ka ba ni kwana biyu," in ji Alhaji.

"Ko awa biyu ban bayarwa."

Alhaji ya zauna a kan dutsen ya ci gaba da kwafe rubutun. Aka sallame mu a ranar, mu bakwai. Na yi fushi, na gaya masa muna da iyali. Bai musa mini ba. Ya ɗauko jaki ya kai dutsen wata makaranta, sannan ya bi gida gida har ya samo mana wani aikin. Sai daga baya na ba shi haƙuri, ya ce ai gaskiyata ce, nasa laifin bai shawarce mu ba.

Allah Ya gafarta wa Alhaji Sule, Ya yalwata kabarinsa, Ya sa ya huta. Allah Ya ba matarsa Hajiya Saratu da 'ya'yansu, Amina da Abdullahi, haƙurin rashinsa, Ya tsaya musu a bayansa. Mu kuma idan tamu ta zo, Allah Ya sa mu cika da imani. Amin.