Ganyen Dutse da Tarin Matata

Shekarar da tari ya kama matata ina kwaɓa siminti ne a wani shantiye, wurin gini, nan Tamanrasset. Baƙi ne mu a ƙasar, ba mu da takardu. Kowa a unguwa cewa yake kada mu doshi likita, jandarma na kwashe irinmu a hanya su zuba a kamyo, babbar motar kaya, sai bakin iyaka. Muka zauna. Tana tari har da jini, ni ina kallo.

Wata tsohuwar Buzuwa maƙwabciyarmu, mutuniyar Agadas, ta ce akwai magani a jikin duwatsun hanyar Assekrem. Ba ciyawa ba ce, ba ya fure, ba shi da saiwa, dutse kawai yake riƙe.

"Iri-iri ne, ɗan nan," in ji ta. "Wanda ya manne kamar fenti, bar shi. Rawayan ma bar shi, ko akuya ba ta lasarsa. Naka mai ganye ne, bakinsa a naɗe kamar kunnen ɓera, samansa toka-toka, ƙasansa baƙi da 'yan gasu. Nemi gefen da rana ba ta bugu."

"Inna, in na ɗauko wani fa?"

"Sai ka shanye abinka, ƙaton banza."

Wani direban turis, masu yawon buɗe ido, ya rage mini hanya. Na wuni ina rarrafe tsakanin duwatsu, duk inda na duba mai fentin nan ne. Sai wajen la'asar na ga mai ganyen cikin wata tsaga. Na kai hannu, ya ruguje ya zama gari, iska ta tafi da shi. Na zauna na yi kuka, da gemuna da komai.

Hawayen ne ya ɗiga kan saura, na ga wurin ya yi laushi, ya koma kore-kore. Ashe sai an jiƙa shi. Ɗan ruwan shan da ya rage a bidona, 'yar jarkata, na yayyafa, na bi da bakin wuƙa a hankali, yana ɗagowa kamar fatar tafasasshen tumatir. Ko cikin hula bai cika ba. Na sauko maƙogwarona kamar an zuba yashi.

Da na dawo gida na dafa na miƙa wa matata, ta shinshina ta ce, "Maigida, duk tafiyar nan dattin dutse ka kawo mini?" Ta so ta yi dariya, tarin ya hana. Ta dai shanye don kada in ji kunya.

Ta sha har ya ƙare. Jinin bai tsaya ba. Tsohuwar ta zo ta duba ragowar tukunya, ta ce shi ne, ban yi kuskure ba.

Da safe na goya matata a baya, ba nauyi ko kaɗan. Ta ce, "Ina za ka kai ni?" Na ce likita. Ta ce za a kama mu. Na ce a kama, in dai kina numfashi.

Muka fita bakin titi ina ɗaga wa kowace mota hannu, ban ma duba ko ta wane ne ba.